Yadda Ake Kare Laikin a Jikin Tsofaffin Itatuwan Dajin Owabi

Duk wanda ya taɓa tsayawa a gindin tsohon mangwaro ko rimi a bayan gari ya ga dabbare-dabbaren nan da ke lafe a jikin ɓawo, wani fari, wani ruwan toka, wani kore-kore, wani ruwan ɗorawa. Mutane da yawa suna ɗauka cuta ce ta kama itacen, wasu kuma su ce datti ne. Halitta ce mai rai da masana ke kira laikin, kuma a cikin nau'o'insa akwai waɗanda za ka zagaye daji guda ba ka same su ba sai a jikin itace ɗaya ko biyu. Ranar da aka sare wannan itace, ko aka sassaƙe shi, ko aka shafa masa farar ƙasa, ranar nan nau'in ya bar dajin.

Na rubuta wannan ne domin matasanmu na Zongon Kumasi da Aboabo da Asawase, musamman ƙungiyoyin makaranta da na masallaci da ke neman aikin sa-kai mai amfani. Na ɗauki dajin Owabi a matsayin wurin aiki domin yana kusa da mu, arewa maso yamma da gari. A 1928 aka gina madatsar ruwan Owabi don bai wa Kumasi ruwan sha, a 1971 aka mai da dajin da ke kewaye da ita mafakar namun daji, a 1988 kuma ya shiga jerin wuraren dausayi masu muhimmanci a duniya na yarjejeniyar Ramsar. Faɗinsa wajen murabba'in kilomita 13 ne. Amma duk abin da zan faɗa zai yi aiki a dajin Bobiri, ko lambun itatuwa na jami'ar KNUST, ko ma tsohuwar maƙabarta mai manyan itatuwa.

Ka fara sanin abin da kake karewa

Laikin halitta biyu ce a jiki ɗaya: funfuna da gansakuka. Funfunar ce ke gina jikin, ta riƙe ɓawo, ta tara ruwa. Gansakukar tana zaune a ciki tana haɗa abinci da hasken rana, su ci tare. Wani masani ɗan Suwizalan, Simon Schwendener, shi ya fara bayyana haka a 1867, kuma sai da aka daɗe kafin abokan aikinsa su yarda da shi. Yau an san nau'o'i wajen 20,000 a duniya.

Abu biyu ya kamata ka riƙe daga wannan, domin dukkan aikin a kansu ya ginu. Na farko, laikin ba shi da saiwa. Ba ya tsotsar komai daga itacen, wurin zama kawai yake nema. Wanda ke tsotse itace shi ne kauci, kuma manoman koko suna da gaskiya da suke yaƙi da shi, amma laikin ba ɗan gidansu ba ne. Ruwansa da abincinsa daga sama suke zuwa: ruwan sama, raɓa, laimar iska da ƙura. Shi ya sa duk gubar da ke cikin iska take shiga jikinsa kai tsaye, ba shi da hanyar tacewa. Na biyu, girmansa a hankali yake. Da yawa ba sa ƙara fiye da 'yan milimita a shekara, wasu ko milimita ɗaya ba sa kaiwa. Dabbaren da bai wuce faɗin tafin hannu ba yana iya girmar yaron da ke kankare shi da ƙusa.

Siffofinsa uku ne a fili. Akwai mai lafewa, wanda ya manne da ɓawo har ba ka iya ɗaga shi sai ka haɗa da ɓawon. Akwai mai ganye, wanda gefensa ke ɗagowa da lanƙwasa, kana iya sa farce a ƙarƙashinsa. Akwai mai gemu ko mai rassa, wanda ya kama ɓawo a wuri ɗaya sauran jikinsa na reto. Mai gemun ya fi kowa rashin jure wa gurɓatacciyar iska, don haka in ka same shi ka yi masa alama ta musamman. A dazuzzukanmu masu zafi da laima, masu lafewa sun fi yawa, kuma a cikinsu akwai dangin da ake kira Graphidaceae, waɗanda ke fitar da siraran layuka baƙaƙe masu lanƙwasa, sai ka ce rubutun tawada a kan allo. Akwai ma ƙanana da ke zama a kan ɗanyen ganye a cikin inuwar daji. Duk wanda ya fara ganin waɗannan da gilashin ƙara girma ba ya sake kiransu datti.

Izini kafin komai

Owabi yana ƙarƙashin Sashen Namun Daji na Hukumar Gandun Daji ta Ghana. Kada ku shiga ta bayan gona ku fara aune-aune. Shugaban ƙungiya ya rubuta takarda zuwa ga jami'in da ke kula da wurin, ya faɗi ko ku su wane ne, mutum nawa, me za ku yi, kuma ya rubuta ƙarara cewa ba za ku yanke komai ba, ba za ku ɗauki komai ba. Ku nemi a haɗa ku da ma'aikaci ɗaya da zai riƙa shiga da ku. Wannan ba don cika ƙa'ida kawai ba ne. Ma'aikacin da ya daɗe yana sintiri ya san inda tsofaffin itatuwa suke, ya san inda wuta ta taɓa ci, ya san inda macizai ke kwana. Abin da zai nuna muku a safiya ɗaya, ku kaɗai sai ku yi wata kuna nema.

Kayan aiki da lokacin shiga

Kayan ba su da tsada. Gilashin ƙara girma mai ninka abu sau 10, irin na masu gyaran agogo da waya, tef ɗin awo na tela, waya mai kyamara da kamfas da taswira, kwalbar feshi da ruwa mai tsabta, littafi mai kauri da fensir, domin biro yana narkewa in takarda ta jiƙe, rula, farar leda mai kauri wadda ake gani ta cikinta, da maka, wato alƙalamin da ke rubutu a kan leda. Sai takalmin da ya rufe ƙafa da dogon wando.

Ku shiga da sassafe. Mafi kyawun lokaci shi ne ƙarshen damina, ko dai bayan babbar damina a watan Agusta, ko bayan ƙaramar a Nuwamba, lokacin da laikin ya sha ruwa kuma launinsa ya fito. A tsakiyar hunturu, Disamba zuwa Fabrairu, yakan bushe ya yi fari-fari, ƙura ta rufe shi, sai ka zaci ya mutu. Bai mutu ba, hutawa yake. Ka fesa masa ruwa kaɗan ka jira minti biyu, da yawa za ka ga kore ya fito, domin fatar sama ta jiƙe har ana hango gansakukar da ke ciki. Amma lokacin da kuka zaɓa a shekarar farko shi za ku riƙe kowace shekara, in ba haka ba hotunanku ba za su gwadu da juna ba.

Zaɓen itatuwa da yi musu rajista

Ba kowane itace za ku bi ba. Wani ɓangaren Owabi dashen itacen kasiya ne, wani kuma daji ne da ya sake tohowa, don haka tsofaffin itatuwa na asali a warwatse suke. Su za ku nema: rimi, wanda Asante ke kira onyina, da waɗanda suke kira odum da wawa, da maɗaci, da tsofaffin kwakwar manja. Tsohon itace yana da abin da ƙarami ba shi da shi, wato ɓawo mai kauri da tsaguwa, da lunguna masu bushewa waɗanda ruwa ba ya kaiwa, da hanyoyin da ruwa ke bi yana gangarowa, da gefen da ke shan rana da gefen da ke cikin inuwa. Kowane lungu da irin laikin da ke son sa. Ku fi mai da hankali ga itatuwan bakin hanya, bakin ruwa da gefen fili, inda haske da laima suka haɗu.

Ƙungiyar da ke farawa kada ta wuce itace 20 zuwa 30. Gara kaɗan da za a iya komawa kansu duk shekara da ɗari da za a watsar bayan fita ɗaya.

Kowane itace a ba shi shafi guda a littafi da lamba. A rubuta sunansa, a ɗauki wurinsa da taswirar waya, a auna kewayen gindinsa a tsayin ƙirji, wato wajen mita 1.3 daga ƙasa. A rubuta abin da ke kewaye da shi: shin rana na kai wa gindinsa, shin yaɗo ya hau shi, akwai tabon adda ko na wuta, akwai gona ko gida kusa. Lambar kuma kada a buga ta da ƙusa a jikin itacen, kada a rubuta ta da fenti a ɓawo. A kafa ɗan turke a ƙasa nesa kaɗan da gindin a rubuta a jikinsa.

Yadda ake ƙirga

Akwai hanyar da masana a Turai suka tsara wadda ke da sauƙin koyo. A yanka farar ledar nan mai faɗin santimita 10 da tsawon santimita 50, a raba ta da maka gida biyar, kowane gida 10 da 10. A ɗora ta a tsaye a jikin itace, ƙasanta yana mita 1 daga ƙasa. A yi haka a gabas, yamma, kudu da arewa, ana duba kamfas. Kowane itace ke nan yana da gida 20.

A kowane gida, a rubuta nau'o'in da aka gani. Ba sai kun san sunayensu na kimiyya ba, kuma kada rashin sanin sunan ya hana ku aiki. Ku raɗa musu naku: "farin mai lafewa mai baƙin ɗigo", "mai ganye ruwan toka mai gashi a gefe", "mai rubutu dogo". Abin da ya wajaba shi ne kowane suna ya kasance da hoto a gefensa, kuma duk 'yan ƙungiya su yi amfani da suna ɗaya. Daga nan sai a ƙirga gida nawa cikin 20 kowane nau'i ya fito. Wannan lambar ita ce za ku gwada da ta baɗi.

Hoto a ɗauki uku: na itacen gaba ɗaya, na wurin da aka ɗora leda, da na kusa-kusa tare da rula a gefe. In kyamarar waya ba ta kama ƙananan abubuwa, ka ɗora gilashin ƙara girma a bakinta. Bayan an gama da gidaje 20, mutum ɗaya ya zagaya itacen a hankali tun daga saiwa har inda ido ya kai, domin nau'in da ba a cika samu ba sau da yawa ba ya faɗowa cikin ledar, yana can cikin wata tsaguwa ko ƙarƙashin reshe.

In kun gama duk itatuwan, ku zauna ku jera nau'o'in, kowanne da yawan itatuwan da aka same shi a kai. Waɗanda suka fito a itace ɗaya ko biyu kacal su ne amanar da ke wuyanku, kuma itatuwan da ke ɗauke da su su ne za a sa a gaba a duk aikin da zai biyo. Ku ɗora hotunan a manhajar iNaturalist, inda masana daga ƙasashe daban-daban ke taimakawa da suna, amma ku ɓoye ainihin wurin itacen. Tabbatar da sunan laikin sau da yawa sai da madubin ɗakin bincike da sinadarai, don haka in ana buƙatar samfuri, aikin masu bincike ne da ke da izinin ɗauka, irin na KNUST ko cibiyar binciken gandun daji ta FORIG da ke Fumesua.

Kare ɓawo

Nan ne aikin ya fi nauyi, kuma yawancinsa hana hannu ne. Abin da ya fi kashe laikin a wuraren da mutane ke shiga shi ne ayyukan da ake yi da kyakkyawar niyya.

Farar ƙasa ce ta farko. Mun saba, in za a yi biki ko babban baƙo zai zo, sai a bi gindin itatuwa a shafe su fari har ƙugu. Ana ganin tsabta ce. Farar ƙasa tana ƙone duk abin da ke jikin ɓawo, kuma tana canza yanayin ɓawon har bayan ruwa ya wanke ta. Ku roƙi masu kula da wuri su bar itatuwan da ke cikin rajista. In ana son alamar hanya, a shafa wa duwatsu ko turaku. Haka nan a guji goge gindi da buroshi, da manna fosta, da buga ƙusa, da rubuta suna da wuƙa. Fosta ɗaya da ta yi wata uku a jikin itace ta isa ta kashe abin da ke ƙarƙashinta, domin ta hana shi haske.

Sai sassaƙe, kuma wannan namu ne, ba sai mun nuna wani da yatsa ba. Sassaƙen maɗaci magani ne da iyayenmu suka sani tun kafin a haife mu, kuma akwai dattawa a Zongo da ke ci da iyalinsu da wannan sana'a. Amma duk inda aka ɓantare ɓawo an tafi da laikin da ke kai, kuma sabon ɓawon da zai rufe tabon santsi ne da shi, sai ya ɗauki shekaru kafin wani abu ya zauna a kansa. In kuwa aka zagaye gindin da sassaƙa, itacen ne kansa zai mutu, domin ta ƙarƙashin ɓawo abincin da ganye ya haɗa ke sauka zuwa saiwa.

A cikin dajin da aka keɓe doka ta hana sassaƙa gaba ɗaya. Amma ni a ganina kai ƙara ba shi ne matakin farko ba. Ku je wurin dattijon da ke sayar da magani, ku durƙusa ku gaishe shi yadda ya kamata, sa'an nan babba a cikinku ya yi magana: "Baba, mun zo neman shawararku ne. Akwai wasu tsofaffin itatuwa a Owabi da muke lura da su, mun ga ana sassaƙarsu har suna neman bushewa. Ku kuka san masu kawo muku kaya. In kuka ce musu ba ku son na can, za su ji maganarku fiye da tamu." Dattijon da ya san itace ya san wanda aka zagaye ba ya sake ba da magani, kuma ba ya son hakan. Daga nan ana iya zancen inda za a samu a halal: itatuwan gona da izinin mai gona, a ɗebi siririn layi a tsaye a gefe ɗaya, a bar itacen ya warke kafin a dawo. In ƙungiyarku tana da fili, ta dasa maɗaci musamman don masu magani. Ku sanar da liman da sarkin unguwa abin da kuke ciki, domin magana ɗaya bayan sallar Juma'a tana isa inda ƙafarku ba za ta kai ba.

Ƙasan gindi ma yana buƙatar kariya, domin laikin ba zai wuce ran itacen da yake kai ba. A Ingila, ƙa'idar da ake bi wa tsofaffin itatuwa ita ce a bar fili kewaye da gindi wanda nisansa ya ninka kaurin gindin sau 15. In ka auna kewaye, ka raba da 3.14, ka sami kauri. Rimin da kewayensa ya kai mita 3 kaurinsa kusan mita 1 ne, filinsa ke nan ya kusa mita 15 ta kowane gefe. A cikin wannan fili ba a ajiye mota, ba a haƙa rami, ba a tara shara, ba a hura wuta.

Haske da inuwa

Gansakukar da ke cikin laikin tana buƙatar haske. Itacen da ya girma a fili, daga baya ƙananan itatuwa da yaɗo suka taso suka rufe shi, laikin da ke son rana zai dusashe ya ɓace a hankali. Maganinsa shi ne a buɗe masa, amma da kaɗan-kaɗan. In aka share komai rana ɗaya, zafi ya bugi ɓawon da ya saba da inuwa, laikin ya ƙone, tsohon itacen ma ya wahala. A rage kashi ɗaya cikin uku a shekarar farko, a duba yadda ya kasance, a ci gaba a shekara ta biyu da ta uku. Yaɗon da ya naɗe gindi a yanke shi a ƙasa a bar shi ya bushe ya faɗo da kansa. In ka fizge shi ɗanye, zai taho da laikin.

Yankan nan ba naku ba ne. Ku nuna wa ma'aikatan daji, su yanke shawara, su riƙe adda ko su ba ku umarni. Kuma kada a ɗauka kowane itace buɗewa yake so. Wanda ke tsakiyar daji mai duhu, da laikin mai rubutu a jikinsa ko ƙananan nan na kan ganye, inuwa da laima ne rayuwarsa. A can abin da za a kare shi ne kada a sare maƙwabtansa.

Iska, feshi da wuta

Tun 1866 wani masani ɗan Finlan, William Nylander, ya lura cewa laikin ya ƙaurace wa yawancin birnin Faris, sai a lambun Luxembourg ake samunsa, ya kuma danganta hakan da iskar gari. Babban maƙiyinsa hayaƙi ne mai farar wuta, irin na kwal da man dizil. A Landan ma ya ɓace, sai da aka tsabtace iska bayan dokar 1956 sa'an nan ya fara dawowa cikin shekarun 1970 da 1980. Wannan yana nuna cewa ɓarnar tana gyaruwa in an daina ta, amma ba da sauri ba. A nan Ghana, a 2017 an rage yawan farar wutar da aka yarda da ita a dizil ɗin da ake shigowa da shi daga kashi 3,000 cikin miliyan zuwa 50, wanda alheri ne ga huhunmu da kuma laikin.

Hayaƙin manyan tituna da na Suame Magazine, unguwar makanikai ta Kumasi, ya fi ƙarfin ƙungiyar matasa. Abin da za ku iya shi ne na kusa. Kada a ƙona shara, leda ko taya a bakin daji. Kada a tara kashin kaji ko taki kusa da itatuwan rajista, domin warin nan mai hawa kai amoniya ce, tana kashe nau'o'i masu laushi ta bar 'yan kaɗan masu jurewa su mamaye ɓawo. In kun ga nau'i ɗaya ko biyu sun cika gindi sauran suna raguwa, ku duba ko an buɗe gidan kaji ko juji kusa. Manoman da gonarsu ta yi iyaka da daji a roƙe su su yi feshi lokacin da iska ta kwanta, su juya baya ga dajin. Maganin baƙin ƙwallon koko mai tagulla an yi shi ne don kashe funfuna, kuma laikin yawancin jikinsa funfuna ne. Maganin ciyawa ma kada ya kusanci gindin itace.

Wuta kuwa tana share aikin shekara hamsin cikin minti goma. Manya a cikinmu ba su manta gobarar dajin 1983 ba. Ciyawar nan da ake kira Acheampong tana cika duk inda aka buɗe, ta bushe a hunturu ta zama makamashi. Kafin Disamba, ku tuge ta da hannu a kewayen itatuwan rajista, ku janye busasshen ganye da ƙirare nesa da gindi kamar taku biyar, ku baza su a can, kada ku ƙona.

Reshen da ya faɗi da itatuwan gobe

Bayan iska mai ƙarfi ku zagaya. Reshen da ya karye daga sama dama ce, domin yana ɗauke da nau'o'in da ba ku iya gani daga ƙasa. Ku ɗauki hotonsu ku sa a rajista. Kada a kwashe shi a yi itacen wuta. A jingina shi inda haske ke samunsa, ɓangaren da ke da laikin yana sama, don ya ci gaba da watsa irinsa na wani lokaci. In laikin mai ganye ko mai gemu ne ya faɗo shi kaɗai, kuma yana cikin waɗanda ba a cika samu ba, da izinin ma'aikaci ana iya mayar da shi jikin wani itace irin wanda ya fito, a gefen da haskensa ya yi daidai, a rufe shi da guntun ragar sauro a ɗaure da zare ba tare da matsewa ba. Wasu suna kamawa, wasu ba sa kamawa, amma a ƙasa ruɓewa kawai zai yi.

Duk tsohon itace wata rana zai faɗi. Tambayar ita ce, in ya faɗi, ina laikin zai koma? Irinsa ƙura-ƙura ne da gutsattsari da iska da ruwa da tsuntsaye ke ɗauka, kuma da yawa ba sa yin nisa. Don haka kusa da kowane tsohon itace mai muhimmanci ku nemi matasan itatuwa irinsa, masu matsakaicin girma, ku sa su a rajista, a ba su kariya iri ɗaya. In babu, a nemi izinin dasawa, a dasa irin na wurin, da tazarar da ba za su yi wa tsohon inuwa ba in sun girma. A ranar dashen itace ta Green Ghana, wadda aka fara a 2021, an riƙa raba dashe da yawa a watan Yuni. In ana rabon dashe, ku nemi odum, maɗaci da rimi maimakon baƙin itatuwa masu saurin girma, kuma ku ɗauki nauyin ban ruwa da shinge har su kama, domin dashen da aka ɗauki hoto da shi aka tafi ba ya kai wa hunturu.

Komawa duk shekara

A wata ɗaya da na bara, da leda iri ɗaya, a tsayi ɗaya, a sake ƙirga. Don auna girma, a zaɓi wasu dabbare kaɗan, a ɗora farar leda a kansu a zana gefensu da maka mai siririn baki, a rubuta lambar itace da kwanan wata. Baɗi a ɗora ledar a wurin a sake zanawa da wani launi. Tazarar da ke tsakanin layukan biyu ita ce girman shekara guda.

Kada ku yi saurin yanke hukunci da canjin shekara ɗaya, domin damina ba ta zama ɗaya. Abin da ke nuna matsala shi ne raguwar da ta ci gaba shekara biyu ko uku, ko laikin da ya yi fari fat ko ja-ja yana ɓarewa daga tsakiya kuma feshin ruwa bai dawo da launinsa ba. In kun ga haka, ku koma shafin itacen ku duba me ya canza a kewayensa: inuwa ta ƙaru, an sare maƙwabci, sabon gini ya matso, ko an fara feshi a gonar gefe.

Littafin kada ya zauna a hannun mutum ɗaya. A ɗauki hoton kowane shafi a ajiye a wayoyi biyu ko uku, a buga kwafi a kai wa jami'in dajin duk shekara tare da jerin itatuwan da ke ɗauke da nau'o'in da ba a cika samu ba, don ya sani kafin a gyara hanya ko a rage rassa. Kuma a kowace fita a tafi da ƙannai biyu ko uku 'yan sakandare a koya musu riƙe leda da ƙirga, domin shugabannin ƙungiya na yau za su yi aure, wasu za su koma Accra ko Tamale, kuma dole a sami wanda ya san inda itace mai lamba 14 yake.